Gani ya kori ji: inda aikin fim ɗin majema ya kwana

12 Oktoba 2024

Bismillah. Masu tambayata a WhatsApp wai ina fim ɗin da kake faɗi tun bara, to ga amsa, daga yau zan riƙa rubuta duk inda aikin ya tsaya don ni ma kar in manta.

Wanda bai san ni ba, sana'ar da nake ci da ita bidiyon biki ne da suna da walima, shekara ta tara kenan ina yi a nan Maradi, daga unguwar Zariya zuwa ta Ali Ɗan Sofo babu lungun da ban shiga da kamera ba. Amma abin da ke raina tun farko shi ne in yi fim nawa na kaina, kuma wanda na zaɓa a kan jima ne, wato majema da fatar jar akuyarmu ta Maradi. Akuyar nan ko ina an san ta da yawan haihuwar tagwaye, fatarta kuma laushi gare ta da ƙarko, da ita ake yin safar hannu da takalma masu tsada a Turai, tun zamanin ayari ake ƙetare hamada da irinta har Turawa sunka riƙa ce mata fatar Maroko don ta can take isa gare su. Amma ka tambayi yaron gari yadda ake mayar da ɗanyar fata jemammiya, wlh bai sani ba, ni ma da nake wanga surutu ban sani ba sai bana.

Ni ne mai senariyo, wato rubuta labarin fim, ni ne mai kamera, ni ne mai sauti, ni zan yi montaj, wato yanka da jera hotuna da sauti, kuma muryata zan sa ta ba da labari. Ba don burga ba, kuɗin biyan mutum biyar ne babu. Kaya: kamera ɗaya ta hannu da na saya a Kano, batiri uku, ƙafar kamera, mikro ɗaya da ƙaramin rikoda, sai ordinatar da nake montaj ɗin biki da ita.

Da tun Satumba zan fara, sai ruwan nan na ƙarshen Agusta ya zo, wanda ya rusa gidaje ya ci rayuka a garin nan, Allah ya jiƙan waɗanda sunka rasu. Katangar gidanmu ta gabas ta faɗi, kuɗin da na tara can sunka tahi.

3 Nuwamba

Na samu mutumin da fim ɗin zai tsaya a kansa. Ba zan faɗi sunansa ba don bai ba ni izini ba tukuna, Baba nake ce mishi kamar kowa. Ya haura saba'in, jima ya gada kaka da kakanni. Na je da goro da kaye na, wato littafin rubutuna, cike da rubutu, na fara karanta mishi abin da na tsara zai faɗa, ya bar ni har na kai ƙarshen shafi na biyu sannan ya ce ɗana wanga magana wa ya faɗe ta? Na ce ni na rubuta Baba. Ya ce to kai ka faɗe ta, ni abin da na sani zan faɗa, in kana so ka zo ka zauna ka gani, in ka gaji da wari ka tahi.

Shafi goma sha huɗu na rubuta, wata biyu ina gyara. Na ninke na sa aljihu.

Kuma warin ba wasa ba ne, kwana ukun farko ko abinci ban iya ci ba in na koma gida, maiɗakina ta ware mini kayan zuwa majema daban a bayan ɗaki.

24 Nuwamba

Sati uku ina zuwa ba kamera, jiya na fara ɗauka. Abin da na fahimta zuwa yanzu: fata in ta zo ana jiƙa ta ta yi laushi, sai a tsoma ta a ruwan toka kwanaki har gashi ya saki, sai a shimfiɗa ta bisa gungumen ice a kankare da kartaji, wata irin wuƙa ce mai mariƙi biyu, a tuje gashin a juya a cire sauran nama da kitse. Bayan nan akwai ruwan kashin tantabara ko na kaji da ke sa ta saki jiki, a wanke, sannan ta shiga ruwan bagaruwa, wato ƴaƴan bagaruwa da anka daka, shi ne ainihin jimar, shi ke hana ta ruɓewa. Daga ƙarshe a shafe ta da man gujiya a murza a shanya, wadda za a rina ja kuma karan dafi ake sa mata.

Hannun Baba na fi ɗauka. Bagaruwa ta rina mishi yatsu sun yi baƙi-baƙi har cikin farce, babban yatsansa na dama ya karkace daidai inda mariƙin kartaji ke zama, kamar icen ne ya sassaƙa yatsan ba yatsan ya riƙe icen ba. In zai duba ko fata ta sha bagaruwa ba ya kallonta, yana matse gefenta tsakanin yatsa biyu ya kai kusa da kunne ya murza, wai tana da ƙarar da take yi in ta nuna. Na ɗauki wannan sau shida, ta kusa ta nesa, da hasken hantsi yana faɗowa ta gefe, da na duba a allo da dare sai da tsigar jikina ta tashi.

Wahalar mutum ɗaya ita ce komi sai ka bar wani abu ka kama wani. In kafa kamera, in ruga in ɗaure mikro a sanda in jingine da bango, in danna rikoda, in dawo in tafa hannu gaban kamera don in samu inda zan haɗa hoto da sauti a montaj, kafin in gama duk wannan Baba ya gama kankare fatar ya ɗauki wata. Shi ba ya jira, kuma gaskiyarsa, aikinsa yake.

9 Disamba

Yau ban san ta inda zan fara ba.

Shekaranjiya da la'asar, ba tare da na tambaye shi ba, Baba ya ajiye kartaji ya zauna bisa gungume ya fara ba da labarin mahaifinsa. Tsohon garin Maradi a ƙasa yake cikin fadama bakin Gulbi, a 1945 ruwa ya ci shi, shi ya sa anka tashi anka hau tudu inda muke yanzu. Baba ba a haife shi ba lokacin, amma mahaifinsa ya ba shi labarin daren, yadda ya bar kayan ɗaki ya kwashi fatun mutane da ke cikin kwatarniya ya ɗora a ka don amana ce ba tashi ba, da yadda sunka sake haƙa ramukan jima a sabon wuri. Ya haɗa shi da ruwan bana. Wajen minti ashirin yana magana, a tsakiya muryarsa ta karye ya yi shiru ya share ido da bayan hannu, yaran majema duk sun tsaya da aiki.

Ni kuma ina bayan kamera, ido ɗaya a allo ina gyara fokus, ina murna a raina ina cewa ga fim ga fim. Kaske, abin sauraren sauti, yana rataye a wuyana ban sa a kunne ba don yana hana ni jin in wani zai gifta gaban kamera.

Da na dawo gida na zuba a ordinatar, hoto kamar ka lasa. Sauti kuwa iska ce kawai, bub bub bub, iskar hunturu ta taso ta bugi mikro tun daga minti na biyu har ƙarshe, ga shi sandar ta ɗan juya bakin mikro ya kalli bango. Kana ganin bakin Baba yana motsi, kalma ɗaya cikin goma kake tsinta. Na kwana biyu ina gwada duk abin tace sauti da na sani, in ka cire iskar sai muryar ta koma kamar daga cikin rijiya. Ƙarar iska a ƙasa take, inda kaurin muryar dattijo yake, in ka yanke ɗaya ka yanke ɗayan.

Ana cewa gani ya kori ji, ni dai a kaina ta faru ƙiri-ƙiri. Ina wurin, taku uku tsakanina da shi, amma wlh da maiɗakina ta ce to ba ni labarin da bakinka, rabinsa ban iya kawowa ba, don ban saurara ba, kallo nake.

15 Disamba

Na roƙi Baba ya maimaita. Ya ce sai ranar da ta zo. Ban matsa ba.

11 Janairu 2025

Biki huɗu na yi cikin sati uku, ɗaya a Tibiri ɗaya har Madarunfa, na samu abin da zan ci gaba da shi. Na sayi diski na biyu jika talatin da biyar don duk abin da na ɗauka ya kwana wuri biyu, wanga darasi ba sai ya same ni ba zan koya.

Babban abin da ya canja shi ne na sauke sauti daga kaina. Ƙanena da ke karatu a jami'ar Ɗan Dikko Ɗankulodo shi na ba kaske da sanda, ranakun da ba shi da darasi. Na nuna mishi abu uku: allurar rikoda mai nuna ƙarfin sauti ta riƙa wasa wajen -12 kar ta taɓa ja, bakin mikro ya kalli ƙirjin mai magana, kuma in ya ji abin da bai yi ba ya ɗaga hannu ko da ina tsakiyar hoton da na fi so a duniya. Ranar farko sau tara ya tsayar da ni, kabu-kabu ya wuce, injin niƙa ya tashi, zakara, har na fara jin haushi na ce kai haka za mu yini? Ya cire kaske ya miƙo mini ya ce Yaya sa ka ji. Na sa. Duk waɗannan ƙararrakin suna nan tun Nuwamba cikin abin da na ɗauka, kunnena ne ke tace su, mikro ba ya tacewa.

Maganar iska kuma, abin gashin nan da ake sa wa mikro ban same shi a kasuwa ba, sai wani baduku maƙwabcin majema ya ce a kawo ya gani. Ya yanko fatar bunsuru wajen doron wuya inda gashi ya fi tsawo ya ɗinka wa mikro kube kamar na wuƙa. Munka gwada, iska ta mutu amma murya ta toshe kamar mutum na magana cikin tulu, don fatar ta yi kauri. Ya karɓa ya fefe bayanta har ta kusa zama takarda, ya bi ta da basilla ya huhhuda ko ina, munka sa soso a ciki. Yanzu in ba iska ta yi ƙarfi sosai ba tana riƙewa. Ko dala bai karɓa ba, ya ce a sa shi a fim yana ɗinki, kuma zan sa.

1 Maris

Yau ake rufe FESPACO, babban bikin fina-finan Afirka, a Wagadugu, ina ta bin hotuna a salula. Ba zan ɓoye ba raina ya so a ce fim ɗina ya ƙare na tura, sai kuma 2027 in da rai tunda shekara biyu-biyu ake yi.

Abin da ke ƙara mini ƙarfi shi ne wanda ya fara cin babbar kyautar wurin, Dokin Yennenga, a 1972, ɗan Nijar ne, Umaru Ganda, wanda ya fara da fitowa gaban kamerar Jean Rouch, Bafaranshe mai shirya fim, kafin ya koma bayanta, kuma a fina-finansa shi ke rubutawa shi ke shiryawa har ya hito a ciki. Ga Mustafa Alasan da ya zauna Tawa, shi ma da hannunsa yake zana katun ɗinsa ya ƙera kayan aiki ya ɗauka, har ya rasu a 2015. Da ina kafa hujja da su ina cewa ai mutum ɗaya na iya komi. Yanzu da na ƙara tunani sai na ga su ma akwai mai riƙe musu sauti akwai mai montaj, sunayensu na nan a ƙarshen fim, mu ne ba mu tsayawa mu karanta, da rubutu ya fara hawa sai mu tashi.

Azumi ya kama, ɗauka ta tsaya, na shiga montaj.

20 Maris

Awa ashirin da uku na hoto gare ni, fim ɗin minti arba'in nake so. Manhajar montaj DaVinci Resolve nake aiki da ita, ta kyauta, amma ordinatar ba ta iya jan hotunan yadda suke sai da na yi musu ƙananan kwafi marasa nauyi, wannan kaɗai kwana huɗu ya ci. Da rana ba ta aikatuwa, zafi ya shigo, fanka na kuka ta mutu da kanta, don haka bayan asham nake zama har sahur, na ɗora ta bisa bulo biyu don iska ta shiga ta ƙasa. In kuran ya ɗauke sai in koma kaye in riƙa jera sassan fim ɗin da bik, kuma abin mamaki a nan na fi ganin inda labarin ya karkace.

Shawara mafi wuya da na yanke: na cire muryata gaba ɗaya. Na riga na naɗe ta, cikin ɗaki da bargo a ka don kar ta yi amsa kuwa, bayani mai kyau a kan tarihin fata da ayari da Maroko. Da na ɗora ta bisa hoton hannun Baba sai na ga ta rufe ƙarar kartaji, shaf shaf shaf ɗin nan da ƙanena ya kamo tsaf, ga Baba yana wani ɗan gunguni a maƙogwaro daidai da bugun hannunsa wanda wata huɗu ina zaune kusa da shi ban taɓa ji ba. Na kashe muryata na saurara, na kunna na saurara, sau ba adadi. Wanda ya rubuta bayanin ni ne, wanda ya karanta ni ne, wanda zai yanke ma ni ne, babu wanda zan yi gardama da shi sai kaina, shi ya sa ya ɗauke ni kwana uku. Tarihin zan sa shi a rubuce layi huɗu a farkon fim, ya isa.

18 Afrilu

Baba ba lafiya tun bayan sallah, ƙafa ce da tari. Munka je gaishe shi ni da ƙanena, ba da niyyar aiki ba, amma rikoda na cikin jakar yaron don yanzu ba ya rabuwa da ita. Muna zaune a zaure bisa tabarma sai Baba ya ce ɗana labarin nan da ka ce iska ta cinye, kana so har yanzu? Na ce Baba ban zo da kamera ba. Ya ce kunne fa, ka zo da shi?

Ƙanena ya kunna. Ni hannuna babu komi, karo na farko tun da na fara wanga aiki, sai na zauna kawai.

Bai faɗe shi kamar na Disamba ba. Bai yi hawaye ba, ya fi gajarta, amma ya kawo abin da bai faɗa ba wancan karo ko kuma ya faɗa ban ji ba: cewa fatu goma sha ɗaya ne, mahaifinsa ya mayar wa kowa tashi, saura ɗaya da mai ita bai dawo nema ba, ita anka yi wa shimfiɗar salla a gidan har ta tsufa ta yage. Minti bakwai, tsaf, har numfashinsa kana ji. Da ya gama ƙanena ya ɗaga hannu ya ce a yi shiru minti ɗaya ya ɗauki shirun zauren don montaj, Baba ya yi dariya ya ce yau ga mai ɗaukar shiru.

Yanzu ina da hoto ba murya, da murya ba hoto. Ba zan haɗa su in yi kamar lokaci ɗaya ne ba, baki ba zai dace ba kuma ƙarya ce. Abin da na tsara shi ne muryar Afrilu ta hau bisa hoton Gulbi da fadama inda tsohon gari yake, sai a ƙarshe in kawo fuskar Disamba, inda ya share ido, da iskarta yadda take.

10 Yuni

Layya ta wuce, majema ta cika maƙil da fatun raguna da awaki, amalanke na shigowa ɗaya bayan ɗaya, yara na barbaɗa gishiri don kar su ruɓe kafin layi ya zo kansu, da yawa kuma mahauta na gida sun huda su da wuƙa wajen fiɗa sun rage musu daraja, Baba na ɗagawa yana leƙa rana ta cikin hujin yana girgiza kai. Ya samu sauƙi alhamdulillah, yana zaune yana nuni da sanda, ɗansa ke riƙe kartaji. Kwana uku munka ɗauka, wannan ce ɗauka ta ƙarshe insha Allah.

6 Yuli

Daren jiya munka nuna wa mutanen majema, a ƙofar gidan Baba, da aron majigi da farin zanen gado da munka ɗaure a bango, hadari na ta walƙiya ta gabas muna addu'a ya jira. Minti arba'in da uku. Wajen labarin ruwa babu wanda ya yi ko tari, wata tsohuwa ta bayan labule ta ce haka anka yi, uwata ta faɗa mini.

Da anka gama kowa na sa albarka, Baba bai ce komi ba sai da mutane sunka ragu, ya kira ni ya ce ɗana ka yi ƙoƙari amma akwai gyara. Ka sa fata ta shiga bagaruwa sannan ka nuna ana tuje gashi, wa ya taɓa yin haka? Na ce Baba hasken wancan hoton ne ya fi dacewa da wurin. Ya ce in jikana ya kalla bayan ba ni ya bi yadda ka jera, fatar mutane zai ɓata.

Na duba da na koma gida, gaskiyarsa, wuri biyu ne ma ba ɗaya ba, minti na 11 da na 26. In na mayar da su daidai sai sautin da ke ƙarƙashinsu ya goce, don haka ƙanena zai zo jibi bayan jarrabawarsa mu zauna tare, shi da kaske ni da allo. Saura fassarar Faransanci a ƙasan hoto, da jerin sunaye na ƙarshe, Baba ya yarda a sa nashi da na mahaifinsa, baduku ma ya aiko da cikakken nashi a rubuce bisa guntun fata.